Ginshiƙi Shida, Babu Rufi

Duk wanda ya daɗe a Karantina, can kudancin Jidda, ya san Mahmudu Mai Hoto a ido, amma da wuya ka sami wanda zai ce ya taɓa shan shayi da shi. Dogo ne siriri, yana tafiya a jikin bango kamar mai gudun a gaishe shi. In ka yi masa sallama da Hausa zai amsa, har ya tambaye ka gajiya, amma kana cewa "Daga wane gari?" sai ya tuna ana jiransa a wurin aiki. Wasu suka ce girman kai ne, wasu suka ce ɗan leƙen asirin askarawa ne. Duk ba su canka ba. Abin da ke damun Mahmudu gida ne da yake ginawa, gidan da bai taɓa aza masa ko bulo ɗaya ba.

Mutumin wani ƙauye ne a gefen Madawa, ƙasar Nijar. Ya zo aikin Hajji a 1976, bayan farin da ya share musu garke da rumbu, ya baro matarsa Mairo da tsohon ciki. Shirinsa mai sauƙi ne: ya sauke farali, ya yi ƙwadagon shekara ɗaya ko biyu, ya koma da abin sayen shanun huɗa. Ya fara da dako a tashar jiragen ruwa, inda buhunan shinkafa suka kusa raba shi da bayansa. Daga nan Allah Ya haɗa shi da Husaini, wani ɗan Labanan mai shagon ɗaukar hoto a unguwar Sharafiyya, gajere mai sanƙo, mai saurin fushi da saurin hucewa. Husaini na neman wanda zai yi shara, ya dafa shayi, ya shanya hotuna in an wanke. Bai tambayi iƙama ba, wato takardar izinin zama, Mahmudu kuwa ba shi da ita, saboda haka suka daidaita nan take.

A shagon akwai labule uku da ake saukarwa a bayan wanda za a ɗauka. Ɗaya Ka'aba, ɗaya koriyar kubbar Madina, kuma su alhazai ke rububi. Na ukun ba mai zaɓarsa. Hoto ne babba da aka buga a kan yadi mai kauri: ginshiƙan dutse guda shida, dogaye, a jere, sun ɗauki wani dogon dutse a ka, bayansu sararin sama, a gindinsu kuma manyan duwatsu sassaƙaƙƙu a zube ko'ina. Ranar da Mahmudu ya fara kakkaɓe masa ƙura, ya ja da baya ya ƙare masa kallo, ya harhaɗa ɗan Larabcin da ya tsinta a tasha ya ce, "Mu'allim, waɗannan yaushe za su yi rufi?"

Husaini ya yi dariya har da tari. Amma kada a yi saurin taya shi. A inda Mahmudu ya fito, in ka ga an ta da gini an tsaya, to hannu ne ya yanke, ana jiran kaka. In kuma ka ga duwatsu a zube a gindin gini, kayan aiki ne aka sauke. Me kuma ake son ido ya gani? Husaini ya yi dogon bayani yana wurga hannuwa, bayanin ya bi ta saman kan Mahmudu ya wuce. Abin da ya kama kawai shi ne ginin a garin su Husaini yake.

Wata rana Husaini ya sayo sabuwar kyamara mai fitar da kala, yana ɗokin gwada ta, ga shi babu baƙo a shago. Ya ciro farar jallabiyar da ake ara wa masu zuwa da kayan ƙwadago, ya zura wa Mahmudu, ya ɗaura masa agogo, ya saukar da labulen garinsu, don shi yake marmarin gani da kala. "Ɗora hannunka nan," in ji shi, ya kama hannun ya aza a jikin ginshiƙi na farko. "Ɗaga kai. Kada ka yi dariya." Hoton ya fito tas. Ga Mahmudu fes da shi, hannu a kan dutse, irin tsayuwar mutumin da ya zo duba ma'aikatansa. Husaini ya ba shi kyauta. Shi kuwa ya cusa shi cikin turmin atamfa, ya haɗa da kaset, ya ba alhazan garinsu masu komawa. A kaset ɗin ya gai da kowa da sunansa, saura kaɗan ya gai da jakin maƙwabci, amma bai ce komai game da hoton ba, don bai ga abin faɗi ba.

A wancan zamani haka ake zumunci. Sai a ari rakoda, a taru a tsakar gida, kowa ya sunkuya ya faɗi nasa, a ba mai tafiya Makka. Amsa takan ɗauki shekara. Da aikin Hajji ya zagayo, kaset ɗin Mahmudu ya iso. Ya shiga ɗakin ajiya na bayan shago lokacin da aka rufe don azahar, ya kunna. Tsofaffi suka yi gaisuwa. Aka matso da wata yarinya aka ce ta ce Baba, ta ƙi, ta fashe da kuka. Ita ce Mastura, 'yar da aka haifa bayan tahowarsa. Sai wansa ya karɓa, ya yi gyaran murya, ya ce dangin Mairo sun zo da maganar cewa miji ya tafi ba ranar dawowa, suna son a je gaban alƙali a raba auren. Mairo ta tashi. Ta shiga ɗaki, ta fito da hoto ta ajiye a gabansu. Suka juya shi, suka miƙa wa juna, suka ce ai mutumin da ke wannan aiki ba a ce ya yi watsi da iyali ba. Suka sha fura suka tafi.

Daga ƙarshe muryar Mairo ta fito, ƙasa-ƙasa, ana jin mata na zuga ta ta ɗaga.

"Alhaji, mun ga hoto, mun ga gini. Gari duka an zo an gani. Allah shi sa a gama lahiya. Yarinyar nan tana gaishe ka."

Ba ta faɗi sunan ba, 'yar fari ce. Kaset ya yi ta juyawa ba magana har ya zaci an gama, sai ta ƙara da cewa, "Ruhi ɗai ya rage ko?"

Rufi take nufi, mutanen yankinsu haka suke faɗinsa.

Mahmudu ya kashe rakodar. Ya so ya yi dariya, dariyar ta maƙale. Washegari ya sayi sabon kaset, ya danna maɓalli da niyyar ya ce, jama'a, labule ne. Sai ya hango dangin Mairo sun dawo, wannan karon ba mai dama musu fura. Yana son matar nan. Bai taɓa faɗa mata ba, ba a yin haka a garinsu, amma burinsa a duniya ɗaya ne, ya ga ranar da za su sake zama ɗaki ɗaya, ko ita ta taho ko shi ya koma da mutuncinsa. Yanzu kuwa abin da ya riƙe masa auren hoton nan ne. Kaset na juyawa ya buɗe baki, abin da ya fito shi ne, "I, ruhi ɗai ya rage. In an gama sai ki taho."

Sai da Larabcinsa ya nuna sannan ya san gidan wa ya ce nasa ne. In zafin rana ya hana baƙi zuwa, Husaini kan saukar da labulen nan ba don kowa ba, ya ja kujera ya zauna a gabansa da kofin shayi. Yaƙi ake yi a ƙasarsu a lokacin, ya daɗe bai leƙa gida ba. Sunan garin Ba'alabak. Ya ce Rumawa ne suka yi ginin, kusan shekara dubu biyu da suka wuce, lokacin da mulkinsu ya kai har can. Ginshiƙan sun fi hamsin a da, sun kewaye ɗakin ta kowane gefe. Girgizar ƙasa ta kayar da wasu, mutane suka kwashe wasu, shida suka rage. Guntun ginshiƙi guda da ke kwance a ƙasa, in ji shi, kaurinsa ya fi tsayin mutum. Tsofaffin garinsu ma cewa suke ba aikin ɗan Adam ba ne, aljanu aka sa. A nan ubansa ya tsufa yana ɗaukar Turawa masu yawon buɗe ido hoto, a nan kuma shi Husaini yake ɓuya in ya gudo daga makaranta, ya kwanta a kan dutse mai sanyi yana cin ɓaure.

"To wa ke kwana a ciki?" Mahmudu ya tambaya.

"Ba a kwana. Ɗakin bautarsu ne. A nan suke ajiye babban gunkinsu, suna yi masa yanka."

Mahmudu ya ajiye butar shayi a hankali. Alhaji guda, wanda ya taɓa Ka'aba da hannunsa, ya aika wa iyalinsa hoton gidan tsafi ya ce ga inda za su zauna. Ya yi istigfari a zuci, sannan ya ce, "Rufin fa?"

"Da akwai. Ya faɗi tun kafin a haifi kakan kakana."

Wannan ta fi ta gunkin yi masa ciwo. Shi duk zatonsa, ko ba nasa ba ne, gini ne da ke jiran a gama shi. Ashe an gama shi tuntuni, har ya ci zamaninsa ya ƙare.

Aikin shago dai ya karɓe shi. Ya iya gyara wa tsoho rawani, ya iya lallashin yaro ya kalli kyamara, ya iya shanya hotuna a igiya ba tare da yatsansa ya fito a fuskar kowa ba. Yana son alhazai baƙi, na Indunusiya da na Turkiyya, don ba su san kowa a Madawa ba kuma jibi za su tafi. In aka ce masu duba takardu sun shigo layi, Husaini kan yi masa alama da ido, ya shige bayan labule na uku ya lafe a jikin bango har su wuce. Iyakar amfanin da gidan ya taɓa yi masa ke nan.

Matsalar ita ce alhazan garinsu. Kowace shekara suna son a kai su su ga ginin Mahmudu, su sa albarka. Yakan tare su tun a masauki da dabino da tasbaha, in an ta da maganar ya ce, "Ai ba nan cikin Jidda yake ba, yana can arewa, da nisa." A nan dai bai yi ƙarya ba. Amma Bahaushen Karantina in ya san garinku yau, gobe ya san ƙofar ɗakinka, jibi labarinka ya riga jirgi isa gida. Shi ya sa Mahmudu ya janye jiki. Ya daina zuwa suna da ɗaurin aure. Ya bar masallacin da 'yan Nijar ke taruwa ya koma na 'yan Yaman. Ranar Salla unguwa kan cika da ƙamshin waina da hayaniyar harshensa, shi kuwa yana ɗakin hayarsa a saman wani bene, yana cin gurasa da wake, yana jin komai ta taga. Kaɗaici ya dame shi ƙwarai, kuma ya san shi ya jawo wa kansa.

Ba wai bai yi ƙoƙari ba. Abin da ya samu yakan aika gida, Mairo da Mastura ba su kwana da yunwa ba. Amma marar iƙama ba ya mallakar ko taku ɗaya na ƙasa, ɗakin kirki ma ba ya samun haya da sunansa. An sha yin afuwa, a ce marasa takarda su fito a mayar da su gida ba hukunci. Sau ɗaya har ya shiga layi da jakarsa. Yana tsaye cikin rana sai ya ji a kunnensa tambayar da gari duka zai yi masa: gidan fa, wa ka bar wa? Ya sulale daga layin ya koma shara. In kuwa ya aika Mairo ta taho, ta tarar da ɗaki guda a saman benen wani? Matar da ta rufe bakin danginta da ginshiƙi shida? Ya ce bari dai baɗi.

Baɗi ta yi ta zuwa tana wucewa. Kaset ɗin Mairo kullum da tambaya ɗaya yake ƙarewa. Wani lokaci takan ce a aiko sabon hoto a ga inda aiki ya kai, sai ya zura farar jallabiya ya ɗora hannu. Gemunsa ya fara furfura, ginshiƙan suna nan yadda suke, ko ɗan gajimaren da ke kusurwar hagu bai matsa ba. A kaset ya ji Mastura ta fara magana, a kaset ya ji ta sauke izu na farko, a kaset ya ji guɗar aurenta. Ya mayar da guɗar baya ya sake ji har zaren ya tsinke, ya liƙe shi da salatif.

Wata rana Husaini ya shigo ɗakin ajiya neman takardar hoto, ya tarar da shi yana sauraro. Ya tsaya ya kasa kunne, sai ya washe baki.

"Wannan matarka ce, ya Mahmud? Mayar baya in ji." Mahmudu ya mayar. "Ka ji ta, ruhi. Ni tawa tun da muka yi aure ba ta taɓa ce min ruhi ba."

A Larabci, ruhi na nufin raina, kalmar da masoyi ke faɗa wa masoyi.

"Ba haka ba ne, Mu'allim. Rufin ɗaki take tambaya."

"Wane ɗaki?"

Nan Mahmudu ya kwashe labarin duka ya faɗa masa, karo na farko da ya faɗa wa wani mahaluki. Husaini bai yi dariya ba wannan karon. Ganin haka Mahmudu ya sami ƙarfin fito da abin da ya daɗe yana juyawa a rai. Akwai wani ɗan Sudan a bayan layi mai rubuta allunan shaguna, hannunsa na da kyau. In Mu'allim ya yarda, a kira shi ya zana kwanon rufi a kan ginshiƙan, ko na yini ɗaya ne, a ɗauki hoto, don hankalin matar ya kwanta.

Husaini ya yi ja har sanƙonsa. "Kwano? A kan Ba'alabak? Girgizar ƙasa ta bar su, yaƙi ya bar su, sai kai da ɗan Sudan ɗinka?" Ya yi ta faɗa, ya ambaci ubansa, ya fita ya buga ƙofa. Jim kaɗan ya dawo da shayi kofi biyu, abin da bai taɓa yi ba, ya zauna a kan kwali.

"To ka ce na yarda, an yi rufi. Ta gani, ta hau jirgi ta zo. A ina za ka sa ta, a jikin yadi?"

Mahmudu ya sunkuyar da kai.

"Faɗa mata, halas, shi ke nan. Kai ka san yarenku, ni ban sani ba. Amma na ji muryar matar nan, ba muryar mai tambayar kwano ba ce."

Mahmudu ya ce to. Ya iya cewa to, da ita yake rabuwa da kowa lafiya. A ransa kuwa cewa ya yi, Balarabe me ya sani game da matanmu.

Yaƙin Labanan ya ƙare, Husaini ya fara zuwa gida hutu yana dawowa da cuku da zaitun. Sannan zamani ya juya. Kyamarori marasa fim suka shigo, kowa ya zama mai hoton kansa, alhazai suka daina hawa matakalar shagon. A 2004 Husaini ya sayar da kayan aiki. Labulen Ka'aba da na Madina wani ya saya. Na ukun ya naɗe shi da kansa, ya ɗora wa Mahmudu a kafaɗa. "Ni zan koma wurin na gaske," in ji shi. "Kai riƙe wannan, ai kai ne mai gidan." Ya rungume shi, tsofaffi biyu suka tsaya suna kuka a bakin titi, masu motoci na kallonsu. Daga ranar Mahmudu bai ƙara samun wanda ya san shi ciki da waje ba. Ya koma sayar da asuwaki da turare a ƙofar masallaci.

A cikin waɗannan shekarun ne wayar hannu ta isa ƙauyensu. Ranar da ya fara jin muryar Mairo kai tsaye, ba ta bara ba, ta yanzu, ya rasa abin faɗi. Suka yi ta gaisuwa, ina gajiya, ina gida, ina ruwa, suka sake daga farko. Ya yi niyyar faɗa mata, wallahi ya yi. Amma wayar ta maƙwabci ce, a buɗe ake sa ta, yana jin tarin tsofaffi da surutun yara kewaye da ita. Da ta zo kan tambayarta, muryar ta tsufa amma tambayar na nan, sai ya ce, "Saura kaɗan."

Mairo ta rasu da daminar 2008, zazzaɓin 'yan kwanaki. Mastura ce ta kira shi, yana zaune a gaban tiren asuwakinsa. Ya yi salati, ya yi wa mamaciya addu'a, ya kashe waya, sai ga wani yana son turare, ya sayar masa. Babu wanda ya zo masa ta'aziyya, don duk Karantina ba wanda ya san yana da mata. Ya sayi kwalin dabino ya raba a ƙofar masallaci, in an ce sadakar wa, ya ce ta wata baiwar Allah.

Shekara uku bayan haka Mastura ta zo aikin Hajji. Ta zama babbar mace mai 'ya'ya, mijinta ɗan kasuwa ne a Maraɗi. Da aka sauko da su Jidda jiran jirgi ta kira shi.

"Baba, ina son in gan ka. Kuma ina son in ga gidan. Inna ta ce in Allah ya kai ni, in shiga in yi mata raka'a biyu ciki."

Amsar arewa na nan a bakinsa, ta saba fita da kanta. Amma wadda yake tsoron a raba shi da ita ta riga ta tafi, shi kuma ya gaji. Ya ce, "Taho," ya kwatanta wa mai tasi unguwar.

Da hantsi suka iso. Ta durƙusa har ƙasa ta gaishe shi a bakin layi. Bai iya kallon fuskarta ba, ya yi ta kallon hannuwanta, ya ga na uwarta ne. Mijin, mai hankali, ya tsaya wurin mai shayi ya bar uba da 'ya. Suka hau matakala, tana haki, tana zaton nan wurin ratse ne kafin a wuce. A saman benen ya buɗe ɗakinsa, ya jawo labulen daga bayan ƙofa, ya rataye shi a ƙusa ya sake shi. Danshin Jidda ya ci gefensa, sararin saman ya koma ruwan toka, amma ginshiƙan na nan.

Mastura ta daɗe tana kallo. Ta matsa ta sa yatsa a jikin na farko, yadin ya lotsa ya taɓa bango.

"Ba nawa ba ne," in ji Mahmudu. "Na wasu mutane ne da sunka mutu tun kahin zuwan Annabi. A Labanan yake. Ni ko ƙasar ban taɓa takawa ba."

"Na yi dambe saboda gidan ga," ta ce, ba ta juyo ba. "Wata ta ce ƙarya ne, ubana dako yake a Makka, na hwasa mata baki. Inna ta gwada min tsakanin wanga da wanga, ta ce nan ɗakina za ya zama."

"Ita ta gane?"

"Ban sani ba, Baba. Ba ta taɓa hwaɗi ba. Ni dai na yarda, har yau da sahe."

Fushi take yi, yana ji a muryarta, kuma bai ga laifinta ba. Ya jira ta faɗa masa magana ko ta fita. Sai ta juya wa labulen baya.

"To kai ina kake kwana?"

"Nan."

"Tun yaushe?"

"Tun ba ki yi wayo ba."

Ta dubi ɗakin, irin duban da mata ke yi wa ɗaki, ba irin na baƙo ba. Katifar soso a tsakiya, risho a lungu, jallabiya biyu a ƙusa, taga mai kallon saman gidajen maƙwabta. Ta taka daga ƙofa zuwa bango. Ta leƙa waje, inda akwai ɗan fili da famfo da igiyar shanya.

"Akwai ruwa," ta ce. "Ga wurin girki, ga iska." Ta juyo ta dube shi. "Baba, ɗakinta na gida bai kai wanga ba. Duk shekarar da alhazai sunka dawo sai ta yi wanka ta zauna, ko ka aiko ta taho. Da nan ma ya ishe ta."



Ta ce ya naɗe yadin, ya naɗe. Ta tambayi alƙibla, ya nuna mata da hannu, ta shimfiɗa mayafi ta yi raka'a biyun da aka aiko ta, shi yana tsaye a waje jikin famfo. Da ta shafa ta ce jirginsu gobe ne. Ta ce ba za ta faɗa wa kowa a gida ba. Abin da ya ƙarar da ƙuruciyarsa yana tsaro ke nan aka miƙa masa kyauta, bai ji daɗin komai ba. Ta ce in ya so dawowa, akwai ɗaki a Maraɗi. Ya raka su bakin titi, ya tsaya har tasin ta sha kwana.

Da ya hawo rana ta take, unguwa ta yi tsit. Ya tsaya a bakin ƙofa yana kallon ɗakin kamar yau ya kama haya. Sannan ya sunkuya ya ja katifarsa daga tsakiya, ya matsar da ita jikin bango. Wurin da ya rage ya isa mutum ya kwanta, har ya juya.